Matuƙin da Mahaifina Ya Bari a Gindin Itace

Ina da shekara hamsin da ɗoriya ƙanwata ta aiko mini saƙo Yamai cewa Baba ya daina fita masallaci. A lokacin ina da ƴar rumfar ɗinki a bakin kasuwa, keke ɗaya, benci ɗaya, da bayan da ya fara yi mini ciwo in na daɗe a zaune. Na kwance kan keken na sa a buhu, na hau motar Gaya. Na ce wa iyalina wata ɗaya zan yi. Sai da na yi bakwai.

Baba tsohon soja ne, amma ba na Faransa ba kamar sauran tsofaffin sojan garinmu. Yana saurayi aka zo ɗibar mutane aikin tilas na hanya, shi da wani abokinsa ɗan Karakara suka tsallaka iyaka zuwa Kamba da ƙafa. Can yunwa ta kama su, suka ji ana ɗaukar soja, suka shiga layi. Haka suka tsinci kansu cikin sojan Ingila, aka kai su Bama. Da yaƙi ya ƙare suka dawo, Baba ya kama noman shinkafa a bakin kogi, abokin ya koma garinsu. Shi abokin ya kai muƙamin kofur a soja, don haka Baba bai taɓa kiransa da wani suna ba sai Kofur, mu ma da shi muka san shi.

Labari ɗaya Baba ya taɓa bayarwa a kan yaƙin, shi ma tun muna yara ya daina. Ya ce an saka su a jirgin sama marar inji, wanda aka yi da siraran ƙarafa da katako da ƙyalle, wani jirgin mai inji ya ja su da igiya, da suka kai wurin da za su sauka aka saki igiyar. Mutanen unguwa suka yi ta dariya. Tsofaffin sojan Faransa da ke zama gindin darbejiya suka ce su ma sun ga yaƙi, amma ba su taɓa ganin jirgin ƙyalle ba. Ni kaina na sha tsiya wurin ƴan ajinmu a lakwal a kan wannan magana. Baba ya rufe bakinsa. Yau na san jiragen gaskiya ne, ɗiyata ta nuna mini hotonsu a waya shekarun baya. Amma a lokacin da nake ba da labarinsa, ban gaskata ba, ban kuma ƙaryata ba. Na dai ajiye maganar cikin abubuwan da ba a tambayar uba.

Jinyar tsoho ba ta da nauyi irin na dako, amma ba ta ƙarewa. Da safe in ɗaga shi, in wanke masa jiki da ruwan ɗumi, in shanya tabarma, in dama koko ya sha ludayi biyu ya ture. Ƙafafunsa sun kumbura har fatar tana ƙyalli. Lokotoro ya ce zuciya ce ta gaji, ya rubuta magani, ya ce a rage gishiri. Mahaifiyarmu ta riga ta rasu. Ƙanwata tana gidan mijinta da ƴaƴa shida, sai dai ta aiko tuwo, ko ta leƙo da la'asar. Damina ce irin ta Gaya, wadda bango ke jiƙa har ya yi gansakuka, sauro kuma ba ya jiran magariba. Na ɗora kan keken a wani tsohon teburi a zaure, ina juya shi da hannu, ina yi wa matan unguwa gyaran zane don kada hannuna ya mutu. Daga zauren ana jin kamiyoyi, manyan motocin kaya, da ke layin gada zuwa Malanbil, wuni guda suna gurnani ba su matsa ba.

Wata Juma'a ina yi masa aski a tsakar gida, sai ya ce, "Kana jin labarin Kofur?"

Na ce, "Bara an ce mini yana nan, sai dai ido ya tafi."

Ya ce, "Ka kai ni."

"Ina, Baba?"

"Karakara."

Na ɗauke askar daga kansa don kada in yanke shi. Na ce masa mutumin da ba ya iya zuwa masallacin ƙofar gida, yaya zai yi da hanyar Junju, wadda ake bi zuwa Karakara, a cikin damina? Bai yi gardama ba. Washegari da na kawo koko ya sake cewa, "Ka kai ni." Jibi ma haka. Ba ya ɗaga murya, ba ya fushi, faɗa kawai yake yi ya juya fuska ga bango.

Da na gaya wa ƙanwata, ta ajiye kwanon da ke hannunta ta ce, "Yaya, in ka fita da shi gawarsa za ka dawo mana da ita."

Na ce, "In na bar shi ma mutuwar zai yi, kuma yana kallona."

Ta ce, "Me zai yi a Karakara? Rabonsu da haɗuwa tun jana'izar Inna."

"Bai faɗa ba."

Ina so in ce tausayi ne ya sa na kai shi, amma ba haka ba ne. Gajiya na yi da jin maganar kowace safiya. Na jira ruwa ya ɗan ja baya, gero ya fitar da kai, sannan na yi magana da wani direba mai zuwa Junju ranar kasuwa ya ajiye mana gaban mota.

Mun tashi da hantsi. Tsohuwar mota ce mai buɗaɗɗen baya, an cika ta da mata da buhuna da kaji. Na zaunar da Baba kusa da taga, na tokare shi da kafaɗata. Muna kan kwalta abin da sauƙi. Da muka sauka kan jar ƙasa kowane rami sai na ji shi a ƙashin bayana, shi kuma sai ya runtse ido. Wajen azahar muka iso wata korama da ta cinye hanya, an yi ruwa a gabas da safe. Direba ya fita ya shiga ruwan har cinya, ya dawo ya ce sai an jira ya janye. Kowa ya sauka ya nemi inuwa. Na goyi Baba na kai shi gindin wata tsamiya, na shimfiɗa masa rawanina. Bai fi nauyin buhun ƙaiƙayi ba, amma da na sauke shi sai da na daɗe a sunkuye kafin in iya miƙewa.

A nan haƙurina ya ƙare. Na ce, "Baba, don Allah me ke Karakara da ya kai wannan wahala?"

Ya ce, "Tambaya ce."

Ya daɗe yana kallon ruwan, sannan ya fara, kamar jiya muka tsaya da maganar.

"Mu takwas ne a ciki," in ji shi, "da alfadari ɗaya da akwatunan harsashi. Tun kafin mu shiga na ga matuƙin. Bature ne siriri mai jan gashi, bai kai ɗanka na fari ba. Na zaga bayan fiffike zan yi fitsari, na tarar da shi a durƙushe yana amai. Ya ɗago ya gan ni, ya goge baki da hannun riga, ya yi mini murmushi, ya laluba aljihu ya miƙo mini alewa. Na ce a raina, wannan ne zai tuƙa mu? Muna jiran a ɗaura igiya Kofur ya gaya mini wai yaron ya taɓa sauka da irin jirgin a wani fagen yaƙin. Ya san abin da ke gaba. Mu ba mu sani ba, shi ya sa cikinmu bai juya ba."

Ya nemi ruwa, na ba shi daga buta. Ya kurɓa kaɗan.

"Kai tela ne, ka san ƙyalle. Na sa yatsa na danna bangon jirgin, ya lotsa. Ƙyalle ne da aka shafa wa wani abu ya yi tauri, kamar shaddar da ta sha ƙaro. Ba a ba kowa lemar dirowa daga sama ba, har shi. Mu muna zaune a ciki muna fuskantar juna. Shi yana can gaba a hancin jirgin, babu komai tsakaninsa da waje sai gilashi da ƴan ƙarafa. Duk abin da jirgin zai daka, shi zai fara samu. Kayan da ke bayansa kuma in suka tsinke, kansa za su zo. Ya kamata su zama biyu, amma matuƙa sun yi ƙaranci, shi kaɗai aka ba mu."

Ya ce sun daɗe a sama ana jan su a kan duwatsu. Jirgin yana ta karkarwa, yana hawa yana faɗawa, alfadarin yana dukan katako da kofato, mutum biyu suka yi amai a cikin hulunansu. Baba yana zaune daf da bayan matuƙin, yana ganin rigarsa ta jiƙe da gumi har ta manne masa, hannuwansa biyu suna kokawa da sitiyari ba hutawa. Gari ya fara wayewa, sai yaron ya miƙa hannu sama ya ja wani ƙarfe. Igiyar ta tafi, ƙarar jirgin da ke jan su ta yi nisa.

"Sai iska kawai," in ji Baba. "Kamar ana shiƙar gero a gidan maƙwabta. Jirgi mai inji in bai ga wurin sauka ba, zagawa yake ya dawo. Namu ba ya dawowa. Sau ɗaya ne, ko ya yi kyau ko bai yi ba."

Filin da za su sauka wani sarari ne a tsakiyar kurmi, bai fi fadamar shinkafarmu ba. An ce musu a share yake, ashe akwai gumagumai kwance cikin ciyawa. Jiragen da suka riga su wasu sun sauka lafiya, wasu sun farfashe. Ɗaya yana kwance daidai inda nasu zai taɓa ƙasa, mutane sun taru a kansa suna jawo waɗanda suka ji rauni.

"Ina gani ta kan kafaɗarsa. Da ya sauka a nan, da mun tsira, mu da shi, amma da mun niƙe mutanen. Sai ya ja sitiyarin zuwa ƙirjinsa, jirgin ya ɗaga, muka wuce ta kansu har na ga fuskokinsu. Da muka wuce, fili ya ƙare. Babu komai a gaba sai itatuwa."

Wata mata daga cikin fasinjoji ta zo ta ajiye mana dafaffiyar masara biyu, ta gaida Baba ta koma. Bai taɓa tasa ba.

"Ya zaɓi wasu manya biyu, ya saita hancin jirgin tsakaninsu. Fikafikan suka daki itatuwan suka cire, shi ya rage mana gudu. Gangar jirgin ta ci gaba da ja a ƙasa, sai da ta haɗu da kututture. Alfadarin ya karye, Kofur ya fasa kai, wani ya goce a kafaɗa. Amma mu takwas ɗin nan da ƙafafunmu muka fito. Shi ne bai fito ba. Hancin jirgin ya naɗe a kan ƙafafunsa. Da adda muka sassare ƙarafan muka jawo shi, muka kwantar da shi a gindin itace. Daga gwiwa zuwa ƙasa ba abin kallo ba ne."

Daga nan muryarsa ta yi ƙasa, sai da na matso. Ya ce ba a jima ba aka fara harbi daga gefen kurmi. Sajensu ya ce kowa ya ɗauki akwati a bar wurin, masu magani za su zo su kwashe waɗanda suka ji rauni. Baba ya sunkuya ya ajiye wa matuƙin gorar ruwansa. Sai yaron ya kama shi a wuyan hannu.

"Yana magana. Kalmomi kaɗan ne, yana ta maimaita su, yana kallon cikin idona. Ni Turancina na fareti ne, hagu, dama, tsaya. Ban ji ko ɗaya ba. Saje yana yi mini tsawa. Na ja hannuna, ya ƙi saki. Sai na ɓamɓare yatsunsa ɗaya bayan ɗaya, na ɗauki akwatina na bi sauran. Ban waiwaya ba. Ban sake ganinsa ba."

Ya miƙo hannun, na dama, ya juya shi yana duba wurin. Fata ce kawai da jijiyoyi.

"Kofur yana tsaye kusa, kuma yana jin Turanci. Shekara nawa ke nan ban tambaye shi ba."

Na ce, "Me ya hana?"

"Tsoro nake kada ya ce mini cewa yake kada in bar shi."

Mutumin nan ya haife ni, na yi noma a bayansa, na ci tuwo kwano ɗaya da shi, ban taɓa sanin yana ɗauke da wannan ba. Na so in ji wani abu babba a zuciyata, amma abin da na ji shi ne yunwa da ciwon baya. Na ɗauki masarar na ci. Bayan la'asar ruwan ya janye, direba ya kira mu.

Mun kwana a Junju gidan wani ɗan'uwan mahaifiyarmu. Da safe babu motar Karakara, sai muka sami amalanken shanu da ya kawo rake zai koma. Na shimfiɗa buhuna, na kwantar da Baba, na riƙe masa zane a kan fuska saboda rana. Gero a tsaye hagu da dama ya fi mutum tsayi, iska ba ta shigowa. Tun ina gyara zama har na haƙura na bar ƙafafuna suka mutu.

Kofur muka tarar a zauren gidan ɗansa, yana ɓarar gyaɗa cikin ƙwarya. Na san shi ƙato, mai murya kamar ganga. Yanzu ya koma ɗan tsoho mai fararen idanu, wuyan rigarsa ya yi masa yawa. Na yi sallama na durƙusa na ce, "Baba Kofur, daga Gaya muke."

Ya ɗaga kai yana saurare. Baba daga bayana, inda nake goye da shi, ya ce, "Kofur."

Ƙwaryar ta karkace, gyaɗa ta zube. Kofur ya ce, "Ɗan Gaya, kai ne? Ashe ba ka mutu ba?"

"Ina hanya."

"To, zauna mu jira tare."

Na sauke shi a kan tabarmar. Kofur ya laluba ya sami fuskarsa, ya shafa, ya sauko ya kama hannunsa bai saki ba. Ɗan gidan ya zo muka gaisa, matarsa ta kawo fura. Duk yammacin ranar tsofaffin nan biyu suna lissafa waɗanda suka mutu. Wane fa? Ya rasu shekarar fari. Wane fa? Ya tafi Kwatano bai dawo ba. Sun yi dariya sau ɗaya, a kan wani kuku da ya taɓa dafa musu shinkafa da sabulu. Baba bai yi tambayarsa ba. Na zauna a bakin zaure ina jin haushi, ina tunanin ko mun sha hanyar nan ne don labarin sabulu.

Sai washegari bayan an karya kumallo, ɗan gidan ya tafi gona, zauren ya rage mu uku. Baba ya ce, "Kofur, ka tuna yaron da ya tuƙa mu?"

"Mai jan gashi."

"Shi."

"Na tuna."

"Da muka kwantar da shi ya riƙe mini hannu yana magana. Kana wurin. Me yake cewa?"

Kofur ya daina ɓarar gyaɗar. Ya juya fararen idanunsa wajen ƙofa, ya daɗe. Wata akuya ta leƙo zauren na kore ta.

Ya ce, "Tambaya yake yi. Cewa yake, duk sun fito? Duk sun fito?"

Baba ya ce, "Haka ya ce?"

"Haka ya ce. Ni na ba shi amsa, na ce duka. Ka riga ka juya."

"An ɗauke shi?"

"Wannan ban sani ba, ɗan Gaya. Bayan kwana biyu da aka gyara fili, ƙananan jirage sun zo kwasar masu rauni, ina cikin masu ɗaukar su. Akwai wani da aka naɗe wa ƙafafu biyu, an rufe masa fuska saboda ƙuda. Ko shi ne, ko ba shi ba ne. Masu karyayyun ƙafafu suna da yawa a filin nan."

Baba ya gyaɗa kai. Ya ce, "Yaro ne ƙarami."

Kofur ya ce, "Mu ma yara ne."

Ba su ƙara komai a kai ba. Ni kuwa na ji kamar an sauke mini kaya. Na ce a raina tafiyar ta yi amfani, tsoho zai koma gida da sanyin zuciya, ni ma in huta. Da za mu tafi Kofur ya sa aka ƙulla mana gyaɗa a tsumma. Ya ce mini, "Ɗana, ka riƙe shi da kyau a hanya, ba shi da ƙwari tun yana soja." Baba ya ce ƙarya yake yi. Suka yi musafaha, kowa ya ce wa ɗan'uwansa ya yafe masa, a taƙaice, kamar masu rabuwa a kasuwa.

Mun yi nisa a amalanke, garin ya ɓace a bayan gero, na ce, "Baba, ka ji dai. Ba riƙe ka yake yi ba. Lafiyarku yake tambaya."

Idonsa a rufe ya ce, "Kofur bai ji komai ba."

Na ce, "Kamar yaya?"

"Ranar da ya fasa kai, kunnuwansa biyu jini suke zubarwa. Kwana uku sai da hannu ake yi masa magana. Ko harbin bai ji ba, ni na ja shi muka gudu. Na manta da wannan sam. Sai da ya buɗe baki zai ba ni amsa na tuna."

Mai amalanken yana gaba yana yi wa shanunsa magana. Na kalli hanyar da ta rage, na tuna da koramar, da motar, da goyon da zan sake yi.

Na ce, "To me ya sa ba ka faɗa masa ba?"

"In ce masa me? Mutum ya ba ni abin da yake da shi."

"Amma abin da ya faɗa zai iya zama gaskiya."

"Zai iya," in ji Baba. Can kuma ya ce, "Wanda ya tsallake mutanen nan ya nufi itatuwa, zai iya tambayar haka. Zai kuma iya cewa kada a bar shi. Duka biyun zai iya." Ya ja zanen ya rufe fuskarsa har Junju.

Ba mu dawo da gawa ba. Ya yi wata biyu bayan tafiyar. Makon farko ko zama ba ya iya yi, ni ma da ƙyar nake tashi in ɗora ruwa, ƙanwata ta zo ta kwana biyu tana jinyar mu duka tana mita. Daga baya ya ɗan farfaɗo, har ya nemi miyar kifi. Bai sake tayar da maganar yaƙi ba, bai kuma sake neman a kai shi ko'ina ba. Ban san ko sauƙi ya samu ko haƙura ya yi ba. Da yamma yakan ce in fitar da shi ƙofar gida ya ga masu dawowa daga fadama, ya tambaye su yadda shinkafa ta yi. Ya rasu wata Talata da hantsi, ana tsakiyar yankan shinkafa, ina zaure ina ɗinke wa wata mata bakin zane. Da na shiga da maganinsa na tarar an gama.

An aika Karakara. Ɗan Kofur ya zo gaisuwa ranar uku, ya ce tsohon ya so zuwa, su suka hana shi. Kofur ma bai kai damina ta gaba ba.

Bayan sadakar bakwai ni da ƙanwata muka shiga ɗakin Baba muna naɗe kayansa. Ba su da yawa, riguna huɗu, bargo, carbi, da wani tsohon bel na soja da fatarsa ta tsattsage. Tana ninke bargon ta ce, "Yaya, wai me kuka je yi Karakara?"

Na zauna a bakin gado na gaya mata duka, tun daga aman da yaron ya yi a bayan fiffike har maganar da Baba ya yi a amalanke. Ban iya ba da shi yadda ya ba ni ba, na rikita wasu wuraren, sai da na koma baya sau biyu. Ta saurara bargon yana kan cinyarta.

Da na gama ta ce, "Har da ni a masu dariyar jirgin ƙyallen nan. Ina ƙarama, na ga kowa yana yi."

Na ce, "Ni ma ban hana kowa ba."

Ta goge ido da gefen mayafi, ta ɗora bargon a kan rigunan. Can ta ce, "Fadamar fa? Baɗi wa zai noma ta?"

Na ce mijinta ya noma. Ni bayana ba zai iya sunkuyon dashe ba, kuma iyalina suna jirana a Yamai. Ta ce za ta gaya masa. Muka ɗaure kayan a zane ɗaya, ta ɗora a kai ta fita, ni kuma na kwanta a kan tabarmar da ke ƙasa, ban farka ba sai da aka kira la'asar.